Kan Sajan Ƙadangare

Ranar da Jeremiah ya fara haɗuwa da Louisa, sai daga baya ya lura kyakkyawa ce, domin bakinta ya riga ta shiga shagon.

"Kai ne mai sa hoto a firam, ko mai gadin AC?"

Shagon yana wani lungu a unguwar Satwa, a Dubai, tsakanin teloli da mai shawarma. Gaskiya ne kuma, Jeremiah yana tsaye ƙarƙashin AC ya ware hannuwa kamar rigar da aka shanya. Ya juyo ya ga budurwa da kayan aikin otal, ta rungume wani kwali a ƙirji. Hausar Jos ce a bakinta, irin tasa.

"Ni ne duka biyun. Me aka kawo mana?"

Ta fito da falle biyu na roba, garai-garai kamar gilashi. A na farko an zana gangar jikin ƙadangare, sanye da kakin ɗan sanda da jan nektayi, amma daga wuya zuwa sama babu komai.

"Wa ya yanka shi?"

"Ba wanda ya yanka shi." Ta ɗora falle na biyu a kan na farko, sai ga kai ya zauna daram a kan kwala. "Sajan Ƙadangare ke nan. Katun ne da aka yi a gidan talabijin a Jos tun ba a san za a haife ka ba. Babana ya yi aiki a wurin. Firam nake so a sa masa."

Da Jeremiah ya yi shiru a nan, da ya huta. Amma shi mutum ne da Allah bai ba shi wannan baiwar ba.

"Au, irin katun ɗin nan na da? Wanda ake gudu ana ta wuce bishiya ɗaya, jiki a sandare, baki kaɗai ke motsi? Ai wannan lalaci ne, ba zane ba."

"Kai da kake yanka katako huɗu ka haɗa, kai ne za ka yi maganar zane?"

Ta rubuta masa lambarta tana harararsa. A bakin ƙofa ta juyo. "Kada ka kuskura ka taɓa bayan fallen. Fentin a can yake."

Aikin da ba zai ci rabin yini ba, Jeremiah ya mayar da shi aikin gina gada. Yau babu katakon da ya dace, gobe mai yanka gilashi ya tafi Sharjah. Duk don ta dawo ta zage shi. Ita kuma ta riƙa dawowa, har ranakun da hanyarta ba ta bi ta Satwa ba.

Ya rubuta mata: "Barkono, katako ya iso, amma bai kai ki tsada ba, na mayar."

Ta amsa: "Malam Kafinta, in ka gama ƙarya ka ci abinci. Na ga wuyanka ya fara kama da na Sajan."

Ya karanta saƙon nan ya fi a ƙirga. Duk wanda ya taɓa zama saurayi ya san cewa a cikinsa "ka ci abinci" kaɗai Jeremiah ya gani.

Wata Lahadi bayan coci ta kai shi gida, wani flat a Al Nahda da suke rabawa da wasu iyalai. Mahaifinta, Baba Bernard, mai kula da sito a Jebel Ali, yana zaune da tabarau a kan hanci. Kusa da shi Fortune ne, ɗan cocinsu mai aiki a kamfanin cargo na jigilar kaya, yana wasa da makullin mota yadda kowa zai ji ƙararsa. Shi ne mijin da Baba ya daɗe yana ajiye wa Louisa a ransa.

"Sannu da hutawa, Baba."

"Kai ne ka ce lalaci ne?"

Jeremiah ya dubi Louisa. Ta dubi silin.

"Zauna in gaya maka, tunda ba ka da mai gaya maka," in ji Baba. "Katun na silima, kowane motsi sai an zana shi daban, ɗaruruwan hannuwa, shekara guda ana abu ɗaya. Da talabijin ta zo, kowane mako tana son sabo, kuma babu masu zanen. Can ƙasashen waje suka zauna suka yi dabara, mu ma muka koya. A zana jiki sau ɗaya a ajiye. Kai a wani falle, baki a wani, ido a wani. Ka san dalilin nektayin nan? Don ya rufe inda kai ya rabu da jiki. Bishiyar da kake rainawa, ita ta sa yara suka samu abin kallo kowace Asabar. Da aka rage motsi, sai dariyar ta koma cikin murya da sanin lokacin da za a yi shiru. Abin da kai ba ka sani ba ke nan."

"Gaskiya ne, Daddy," in ji Fortune, wanda bai ji ko rabi ba.

"Baba, ni da niyyar aure na zo," in ji Jeremiah.

"Ni kuma firam na sani. Ka kawo mini kayana."

Jeremiah ya koma shago da niyyar yin firam ɗin da Baba zai gani ya ji kunya. Ya zaɓi katako mafi kyau, ya yanka gilashi. To, a sana'arsu ba a rufe abu a ƙarƙashin gilashi da ƙura a jikinsa, hannu ma da kansa yake yi. Ya tuna gargaɗin Louisa, bai taɓa bayan fallen ba. Ya fesa ruwan goge gilashi a gaban, ya bi da tsumma a hankali, cikin ladabi.

Ba wanda ya gaya masa cewa fenti ne a baya, amma layin tawada a gaba yake.

Da ya ɗaga tsumman, Sajan ba shi da ido, ba shi da baki, ba shi da hanci. Wani koren dunƙule kawai ya rage, kamar an taka ganyen alayyafo.

Bai ɓoye ba, wannan kam a ba shi. Ya ɗauka ya kai Al Nahda da ƙafarsa. Baba ya daɗe yana kallon fallen, sannan ya cire tabarau.

"Abin nan ya tsallake gobarar Jos. Ya tsallake damina a ɗakin da ke yoyo. Ya hau jirgi ya zo Dubai. Sai da ya haɗu da kai."

"Baba, kuskure ne."

"Kai ne kuskuren. Wanda ba a iya ba shi ajiyar roba, shi zan ba 'yata? Khalas, magana ta ƙare. Fita."

Louisa ta bi shi har bakin lif, idonta jawur. "Abu ɗaya na roƙe ka."

"Kin ce baya, ban taɓa baya ba."

"To sannu, mai biyayya. Kada ka sake kirana."

Fortune bai ɓata lokaci ba. Ya sa aka yi wa Baba sabon Sajan da kwamfuta, aka buga shi ƙato, mai sheƙi, da ƙwanji kamar ɗan dambe da haƙora reras. Baba ya duba ya ce, "Wannan kada ne, kuma ba nektayi." Hoton ya ƙare a bayan firiji. Duk da haka Fortune ya ci gaba da zuwa cin shinkafar Lahadi, kuma a coci an fara yi wa Louisa murmushin da ba ta nema ba.

Jeremiah ya yi ta aika saƙo ba amsa. Ya rame har telan da ke kusa ya ce zai rage masa wando kyauta. Sai wata safiya wayarsa ta yi ƙara. Hoton Sajan ne, wanda Louisa ta ɗauka tun kafin ta kawo shi shago. A ƙasa ta rubuta: "Ban yafe ba. Amma ga yadda fuskarsa take, in kana da kunya."

Ya amsa: "Ba ni da kunya, Barkono, amma ina da ke."

"Ba ka da ni. Zana."

Ya sayo fallayen roba da tawada da fenti. Mutumin da bai taɓa zana ko kofi ba ya zauna koyon kan ƙadangare. Na farko ya fito kamar agwagwa. Na bayansa ya fito kamar mai gidan hayarsa. A hankali hannu ya faɗa. Ya zana kai, ya zana baki buɗe da rufe, ido buɗe da rufe, ya kafa wayarsa a kan kwali yana ɗauka ɗaya bayan ɗaya, har Sajan ya motsa.

Baba ya bar shi ya shigo ne kawai don Louisa ta tsaya a ƙofa ta ƙi matsawa. Ya kalli wayar a yatsine. Sajan yana ta kaɗa kai, ido na juyawa, baki na rawa.

"Zazzaɓi yake yi? Komai na motsi, ba abin dariya. Na gaya maka a shiru take, kunnenka na ado ne. Kwashe."

Jeremiah ya kwashe. A lif Louisa ta gyara masa kwalar riga ba tare da ta dube shi ba. "Saura kaɗan, Kafintana. In ka sake ɓatawa, ni zan goge ka."

Da ya dawo Lahadi ta gaba, Fortune yana nan da farantinsa. Jeremiah ya ajiye wayar a kan tebur.

Sajan yana tsaye ƙiƙam ƙarƙashin bishiya. Mangwaro ya faɗo masa a ka, tim. Bai motsa ba. Shiru. Shirun ya yi tsawo har Fortune ya ce, "Ta tsaya ne?" Sai ido ɗaya ya ƙifta. Sannan baki kaɗai ya buɗe, ya yi magana da wata murya mai kauri, ta cikin hanci, wadda duk wanda ke ɗakin ya san mai ita:

"Kai ne kuskuren."

Louisa ta toshe baki. Jeremiah ya fara lissafin nisan ƙofa. Baba ya murtuke fuska, ya riƙe, ya riƙe, sai wani sauti ya ƙwace masa ta hanci. Ya mayar da shi tari, tarin ya ƙi zama tari. Ya yi dariya har tabarau ya faɗa cikin miyar Fortune.

Da ya samu numfashi ya ce, "Muryar ba ta yi kama ba. Hancin ma ya karkace." Ya goge ido. "Ka ce wa manyanka su kira ni. Ba don ina son ka ba."

"Na gode, Baba."

"Kada ka gode, ka dai daina goge-goge."

An ɗaura auren a coci a Jebel Ali. Fortune ne ya ja motar amarya, da fuskar mai rakiyar gawa. Fasto ya yi addu'a Allah ya ba su zaman lafiya da 'ya'ya masu jin magana, jama'a suka ce amin, Baba ya fi kowa ɗaga murya a kan "jin magana". Louisa ta raɗa wa angonta, "Yau ka yi kyau, habibi. Kada ka saba." Ya ce, "Allah ya bar mu tare, Barkono, ko don in ga ranar da za ki yabe ni ba sharaɗi."

A wurin cin abinci aka kafa firam ɗin Sajan kusa da kek, tsohon jiki da sabon kai. Gwaggo Talatu, yayar Baba da ta zo daga Jos, ta tsaya a gabansa da farantinta, aka ba ta labarin duk wahalar da ango ya sha. Ta saurara har ƙarshe tana tauna nama.

"Bernard ne ya yi wannan faɗan?" in ji ta. "Ai shi bai taɓa zana komai a gidan talabijin ba. Roba tana da tsada lokacin, in an gama ɗauka sai a wanke a sake amfani da ita. Shi ne mai wankewar."