An Tafa Masa Yana Mutuwa

Da hantsi waya ta shigo ofis cewa wani mai yawo da baƙi ya faɗi a kasuwar kifi ta bakin tashar jiragen ruwa, kuma an kai shi asibiti ya cika. Sufeto Karasawa ya bar shayinsa rabi, ya ce da Saje Hamano ta ɗauko mota.

Mamacin ba baƙo ba ne a wurin kowa. Tachibana Shunpei ke nan, mai jar hula da 'yar tuta a hannu. Kowace safiya yakan jawo ayarin 'yan ƙasashen waje rumfa-rumfa, a ɗanɗana nan a lashe can, a ƙare a rumfar fugu, talibambam ɗin teku, wanda hantarsa ke kashe ƙato. Mutum ne mai bakin tsiya, amma yana kawo ciniki, shi ya sa kowa ke yi masa dariyar yaƙe.

Sun tarar da baƙin zaune kan akwatunan kifi, sun yi jugum. Wata mata daga Kanada tana kuka riƙe da waya. Hamano ce mai jin Turanci, ita ta karɓi wayar ta kunna wa Karasawa hoton bidiyon da matar ta ɗauka.

Ga Tachibana a gaban rumfar fugu yana zuba surutu. Ya ɗauki yanka ɗaya ya jefa a baki. Ya dafe leɓe, ya yi tangaɗi, ya zube a jiƙaƙƙen siminti. Baƙin suka kwashe da dariya suna tafi. Sun daɗe suna tafin kafin wani ya lura cewa idanunsa a buɗe suke, kuma numfashi yake nema.

"Ta ce sun zaci wasa ne, yallaɓai," in ji Hamano.

"Ai wasan ne," wani ya amsa daga gefe. Okabe ne, mai sayar da ƙanƙara, tsoho mai haƙori ɗaya a sama. "Kullum sai ya yi shi. Yau ne dai ya iya shi da kyau."

"Wasan me?" Karasawa ya tambaya.

"Yadda Tatsuzo ya mutu mana. Mijin mai rumfar. Ya sha giya ya yi kurin cewa hantar fugu ba ta kama shi, ya ci a gaban abokai. A nan ya faɗi, daidai inda ka taka. Abin ya fi shekara ashirin. Shi kuma wannan ɗan banzan ya mayar da shi abin ba baƙi dariya, a gaban matar mutum, ita tana yanka musu kifi."

"Ba ta taɓa hana shi ba?"

"Ta hana shi ta sayar wa wa? Mu 'yan gari ai mun koma cin kaza."

Mai rumfar, Iya Fusae, tana tsaye a bayan teburinta, gajeruwa, bayanta ya ɗan ranƙwafa, ta haura saba'in. Takardar izinin yankan fugu na rataye a bango sama da kanta, ta yi ja don tsufa.

"Iya, daga faranti ɗaya ya ci da baƙin?"

"Faranti ɗaya."

"Ina kayan cikin kifin?"

Ta nuna akwatin ƙarfe a ƙarƙashin tebur, da kwaɗo a jikinsa. Haka doka ta ce, kuma haka kowane mai yankan fugu ya tashi ya tarar: hanta, ƙwai, hanji, duk wani abu mai dafi, cikin akwati yake shiga a kulle har mai kwasa ya zo.

"Mabuɗi nawa ne?"

"Ɗaya ne." Ta zaro shi daga wuyanta.

Hamano ta sa safar hannu ta buɗe. A sama kayan cikin manyan fugu ne na kiwo, irin waɗanda tsohuwar ke saye. Da ta ɗaga su sai ga wani ɗan ƙaramin fugu na teku, irin wanda yara ke kamawa da ƙugiya a bakin tasha su jefar. An farke cikinsa tsaf. Komai yana nan, ban da hanta.

Karasawa bai kalli kifin sosai ba, fuskar tsohuwar yake kallo. Ya ga lokacin da ta firgita, ya kuma ga lokacin da ta haɗiye firgitar.

Ta goge hannu a jikin rigar aikinta, ta sunkuyar da kai.

"Ni ce," ta ce. "Na gaji da shi. Ku tafi da ni."

A mota Hamano ta ce, "Ga dalili, ga dafi, ga ta amsa da bakinta. Yau za mu tashi da wuri."

Abin bai kwanta wa Karasawa ba, kuma ya ji haushin kansa da zai sa a zaunar da tsohuwa a ɗakin tambaya mai sanyi. Suna sauke ta ya wuce asibiti.

Likitar da ta karɓi mamacin ta kalli hoton har ƙarshe, ta girgiza kai.

"Ba wannan lomar ba ce. Dafin fugu ba harsashi ba ne, Sufeto. Leɓe yake fara kashewa, sai harshe, sai yatsu. Kafin ya kayar da mutum an ɗauki lokaci. Mayar da shi baya. Ka gani? Tun kafin ya taɓa faranti yake murza baki, tutar ma tana zame masa."

"Wato da abinsa ya iso rumfar."

"Da abinsa ya iso. Wataƙila ya ɗauka sanyi ne. Mai rayuwa da surutu ba ya so ya yarda harshensa ya yi nauyi."

Da ya koma ofis ya ja kujera ya zauna gaban Iya Fusae. Shayin da aka kawo mata ya huce ba ta taɓa ba.

"Yaya kika ba shi hantar?"

"A cikin yankan na sa."

"Iya, yankanki har zanen faranti ake gani ta cikinsa. Ina hanta za ta ɓuya? Kuma me ya sa baƙin suke lafiya?"

"Nasa daban na ware."

"Ɗazu kin ce faranti ɗaya."

"Tsufa ne, ɗana. Na manta."

"Ƙaramin kifin fa, wa ya kamo miki?"

"Na ce ni ce. Me kuma kake nema? Ka rubuta in sa hatimi."

Ya tashi ya bar ta. Ya san ƙarya take yi, kuma mace irinta ba za ta yi wa kanta ƙaryar kisa don maƙwabci ba.

Shi da Hamano suka koma kasuwa da matar nan ta Kanada, suka ce ta bi da su yadda aka bi da safe. Ta bi da su ta baya. Mai gasa kawa, dodon koɗin teku, ya ce Tachibana bai ci komai a wurinsa ba, ya ce bakinsa ba daɗi. Mai soyayyen kifi ma haka ya faɗa. Suka yi ta komawa har rumfar farko, kusa da ƙofar shiga.

Mai rumfar magidanci ne ɗan kimanin shekara arba'in, mai faɗin kafaɗa, ya ɗaure kai da farin tawul. Wani kifi marar dafi mai suna kawahagi yake sayarwa, ana cin shi ɗanye, ana dangwala shi a miyar soya da aka dama da hantar kifin. Allon da ke saman rumfar ya ce Iwamuro. Sunan da ke kan takardar izinin tsohuwar ke nan.

"Kai ne Katsumi, ɗan Iya Fusae?"

"Ni ne, yallaɓai."

"Ka san inda take?"

"An ce kun tafi da ita don 'yan tambayoyi." Bai ɗago ba, yana ta goge katakon da ya riga ya bushe.

"Me ka ba Tachibana da safe?"

"Abin da na ba kowa."

Hamano ta juya ta tambayi baƙuwar. Matar ta yi saurin girgiza kai, tana nuni da hannu.

"Ta ce su ƙaramin kwano ɗaya aka ba su suka raba. Shi kuma nasa daban, miyar ta fi kauri. Har ya yi musu gori cewa wannan ta 'yan gida ce."

"Gyara ce," in ji Katsumi. "Kowace rumfa tana ba mai kawo baƙi gyararsa. Ka tambayi kowa."

"Na sani. Ina kwanon?"

"Na wanke. Nan ba a ajiye kwano da datti."

"Kana da mabuɗin akwatin mahaifiyarka?"

"Ba ni da shi."

"Kai, Katsumi, ji tsoron ranar gobe," in ji Okabe, wanda ya biyo su da kekensa na ƙanƙara don kada labari ya wuce shi. "Wa ke buɗe mata rumfa ran da ƙafarta ta tashi? Aljani?"

Katsumi ya ci gaba da goge katakon.

Karasawa ya san bai da kwano, bai da hanta, bai da wanda ya ga komai. Abu ɗaya ya rage masa, kuma bai so shi ba. Ya matsa kusa ya rage murya.

"Ba 'yan tambayoyi ba ne. Mahaifiyarka ta amsa laifin. Ta ce ita ta kashe shi, tana neman a ba ta takarda ta sa hatimi. A shekarunta, in ta shiga ba za ta fito da ƙafarta ba. Hamano, kira ofis, ki ce su kawo ta ta nuna mana yadda ta yi."

Ba a jima ba aka shigo da ita ta babbar ƙofa, ɗan sanda a kowane gefe. Kasuwa ta yi tsit, sai ƙarar ruwa a kwata. Har yanzu takalmin robarta ne a ƙafa. Da ta hango inda suke tsaye sai ta kawar da kai, kamar ba ta san mai rumfar ba.

Katsumi ya ajiye tsumman hannunsa.

"Ku sake ta."

"Rufe mini baki!" ta daka masa tsawa. "Wa ya sa da kai? Koma bakin aikinka!"

"Ya isa, Inna." Ya kwance tawul ɗin kansa, ya sa hannu a aljihu ya fito da ɗan mabuɗi ya ɗora a kan katako. "Jiya da yamma na kamo shi a bakin tasha. Na dama hantar da ta kawahagi. Launinsu ɗaya in an dama."

"Don me?" Karasawa ya tambaya.

"Ina ɗan sakandare aka kira ni na ga babana a ƙasa, idonsa biyu, yana jin mu, ba ya iya ko motsa yatsa. Shi ne abin da wannan mutumin yake yi kowace safiya, har da karkace baki. Na roƙe shi. Na bi shi har gida na durƙusa. Ya ce wurin nan ne baƙi suka fi so a duk yawon. Kwanan nan kuma ya fara sa Inna ta riƙe hoton Baba a ɗauke su tare." "Kuma ta riƙe, yallaɓai. Tana murmushi."

Tsohuwar ta runtse ido.

"Abu ɗaya ban gane ba," in ji Karasawa. "Ga teku nan a bayanka. Da ka jefa ragowar kifin a ciki, ko ka zuba a shara, da ba abin da ya kai mu ga mahaifiyarka. Me ya kai ka akwatinta?"

Katsumi ya dube shi kamar wanda aka yi wa tambayar wauta.

"A shara? Akwai kuliyoyi a kasuwar nan. Akwai shirwa, akwai yara masu wasa a bakin ruwa. Ba a zubar da cikin fugu, kulle shi ake yi." Sai ya tsaya, abin ya sauka masa. "Ban ma yi tunani ba. Hannuna ne ya kai shi can. Mai kwasa ya saba zuwa kafin rana ta ɗaga, yau ne bai zo da wuri ba."

Hamano ta sa masa ankwa, ta ɗauki tawul ɗin ta rufe masa hannu saboda idon mutane. Ya juya wajen uwarsa ya sunkuya har ƙasa, ya daɗe a haka. Ba ta dube shi ba. Sufeton take kallo, kuma babu godiya ko kaɗan a idonta.

"Ni nawa ya rage mini?" ta ce. "Da ka bar ni, me zai rage ka da shi?"

Shekara da shekaru Karasawa yana wannan aiki, bai taɓa jin kunyar gano gaskiya kamar yau ba.

Suka nufi ƙofa da Katsumi. Har sun kusa fita ta ɗaga murya.

"'Yata! Ke mai ankwa! Bai karya ba tun safe. Ku ba shi abu mai zafi, yana da ciwon ciki."

Hamano ta gyaɗa kai ba ta waiwayo ba.

Da motar ta tashi, Iya Fusae ta zagaya ta shiga bayan teburin ɗanta. Kifin da ya jera tun asuba ya fara laushi. Ta miƙa wa Okabe hannu, ya zuba mata ƙanƙara a bokiti, ta shiga rufe su ɗaya bayan ɗaya.