Tabon Yatsan Baba

Auta na durƙushe tana wanke-wanke a tsakar gida, Yaya Babba ya shigo da bokitin farar ƙasa da burushi, ya nufi ƙofar ɗakin marigayi Baba. Karo na uku ke nan.

"Yaya, yau ma? Bangon nan fa ya fi Inna shan hoda!"

"Ja'ira, ni ce abin misalinki?" in ji Inna daga kan tabarma.

Shi ko murmushi bai yi ba. Abin da yake son rufewa wani ɗan tabo ne shuɗi, bai fi girman kwabo ba, a jikin bango daidai kafaɗa. Shekara biyu da suka wuce Baba ya jinginar da filinsa na bayan makaranta ga ƙungiyar gama-kai ta 'yan kasuwa, ya karɓi rance ya sayi injin niƙa. Auta ce ta raka shi don idonsa ya yi rauni, ita ta riƙe masa hannu ya dangwala. Da suka dawo ya dafa bango zai cire takalmi, tawadar ta zauna. Wata huɗu bayan nan ya rasu, takardar filin kuwa tana can a durowar ƙungiya.

In an shafe tabon sai ya ɓace kwana biyu. Da farar ƙasar ta bushe sai ga shi ya dawo, har zanen yatsan kana gani. Auta ta koma bi ta bayan randa don kada ta haɗa ido da tabon.

Dalili? Yaya Babba ya sayar da filin. Kuma bai rasa wanda zai sayar wa ba sai Mai Walda, saurayin Auta, wanda ya shekara shida yana shan tartsatsi yana tarin kuɗi don ya gina musu gida. Ce masa aka yi gara ta cinye takarda, za a yi sabuwa.

Ranar da Mai Walda ya kai ta wurin cewa ya yi, "Rufe ido, kada ki yi mini wayo!" Da ya ce "Safrayiz!" ta buɗe, sai ga ta a filin Baba, an haƙa tushe, an jera bulo. Yana ta nuni: "Nan falo, nan kicin, nan ɗakin da za ki riƙa kulle kanki in kin yi fushi." Ta buɗe baki za ta faɗa masa filin na jingine, ta ga yadda fuskarsa ke haske, ta haɗiye. Sati uku tana haɗiyewa, gini na tashi.

Sai ga sakataren ƙungiya da gwangwanin jan fenti da sammacin kotu. Ya rubuta a sabon bangon: WANNAN FILI JINGINA NE.

Gida ya rikice. Uwar Mai Walda ta aiko cewa ɗanta ba zai haɗa jini da 'yan damfara ba. Yaya Babba ya tsare Auta a kicin.

"Lauya ya ce ke ce shaida. Ki ce Baba ya biya a gabanki, rasit ne ya ɓata. Ma'ajin wancan lokacin ya mutu, wa zai ƙaryata ki?"

"Yaya, bai biya ba fa."

"To ki faɗa! Ni in tafi gidan yari, saurayinki ya rasa fili, ke ki auri gaskiyarki!"

Inna ta fashe da kuka. "Auta, so kike a ɗaure mini ɗa ina raye?"

Da yamma Mai Walda ya zo ƙofar gida, ko gilashin aiki bai cire daga goshi ba.

"Kin sani?"

"Na sani."

"Tun yaushe?"

"Tun ranar safrayiz."

"Kika bar ni ina ɗora bulo a kan bashi?" Ya juya ya tafi, sorin da ta ce ma bai ji ba.

Ranar shari'a, tsakar rana tsaka, ana zufa, amma da alƙali ya ce ta ɗaga hannu sai ta ji tafinta ya yi sanyi ƙalau, da nauyi, kamar an ɗora mata wani hannun a ciki. Ta san nauyin. Ta tuna abin da Baba ya ce a hanyar dawowa, yana goge yatsa a riga: "Auta, ko na faɗi, kada ku bar ni da kayan mutane a ka."

"Yarinya, mahaifinki ya biya?"

Yaya Babba ya yi tari. Inna ta rufe fuska da mayafi.

"Ranka ya daɗe, bai biya ba. Ni na riƙe masa yatsa."

Alƙali ya rushe cinikin: fili na nan a jingine, Yaya Babba ya mayar da kuɗin mutane cikin wata uku ko ya shiga ciki.

Wata biyu Inna ba ta amsa gaisuwar Auta. Mai Walda kuwa ko fulashin waya babu. Auta ta rame har zobenta na zamewa, amma ta buɗe keken ɗinkinta, abin da ta samu duk Asabar sai ta kai ofishin ƙungiya, komai ƙanƙantarsa. Wata Asabar ta shiga, sai ga mutum zaune gaban sakatare da gilashin walda a goshi.

"Kullum sai in ga an riga ni zubi," ya ce ba tare da ya juyo ba. "Ashe ke ce."

Ashe ya je kotu ya roƙa a ɗaga wa Yaya Babba ƙafa, abin da zai mayar masa a riƙa zubawa a bashin Baba. Yaya ya sayar da babur da injin niƙa, kunya ta sa har gaisuwa ya koya. Shekara biyu cif kafin sakatare ya jawo durowa ya miƙo takardar, fes da ita, garar da aka yi wa sharri ko leƙa ta ba ta yi ba. Magada suka sa hannu, aka yi ciniki na gaskiya. Uwar Mai Walda da ƙafarta ta zo maganar aure, tana cewa, "Yarinyar da ta ƙi yi wa alƙali ƙarya don ɗana, ba za ta yi wa ɗana ƙarya don kowa ba."

Na san jira kuke in ce tabon ya ɓace. Bai ɓace ba! Mai Walda ya yi masa ɗan firam na ƙarfe, yana nan a bangon. Sai dai yanzu Auta ta gabansa take bi, har takan ce, "Baba, ina kwana."

Ku da ke tasowa, ku ji: shirun sati uku ya fi ƙarya kusa kashe wannan aure. Kayan da ke jingine ba naka ba ne sai ka fanshe shi, kuma wanda ya faɗi gaskiya ya yi haƙuri da abin da ta jawo masa, Allah ba ya barin sa hannu wofi.