Gidan da Khaulat Ta Gina

Ranar Laraba da la'asar sakaliya Misbahu ya tashi daga ofis, ya tsaya a bakin titi ya sayi data da gurasa guda biyu, ya hau babur ɗinsa ya nufi gida. Hadari ya haɗo ta bayan duwatsun Dutse, irin na ƙarshen damina mai yawan cika baki. Aiki ɗaya ne a gabansa. Gobe ƙanwarsa Mu'minatu za ta zo daga Taura ta karɓi kwamfutarsa, don ta samu gurbin karatu kuma ba ta da tata. Mahaifinsu, wanda ke da makarantar Islamiyya a can Taura, magana ɗaya ya yi masa a waya: "Ka share wasannin nan naka kaf kafin ka ba ta. Karatu na turo ta yi."

Gidan Misbahu shi ne na ƙarshe a layinsu, daga shi sai wani ƙaton dutse da bishiyoyin dabino uku. Wata bakwai ke nan da rasuwar matarsa Khaulat, zazzaɓin kwana huɗu ne ya ɗauke ta. Da 'yan gaisuwa suka watse, ya danna wa ɗakinta kwaɗo, ya kwaso katifarsa ya dawo shagon ƙofar gida, mai ƙofa biyu, ɗaya ta tsakar gida ɗaya ta layi. Murhu bai sake ganin wuta ba. Ciyawa ta fito har bakin banɗaki. Maƙwabta sun yi iya yinsu, sun aiko da abinci, sun leƙo, suna tarar da fuska a murtuke, har suka gaji suka ƙyale shi. Ni dai ban ga laifinsu ba. Kewa ce ke cin sa, kuma ya ƙi yarda kowa ya gani.

Ya jingine babur a zaure, ya kulle ƙofar layi da makulli, ya zauna a kan tabarma ya buɗe kwamfutar.

Wasanni arba'in da ɗaya ne a taskarsa ta intanet, wato wurin da duk wasan da mutum ya saya yake zama a jere da sunansa. Rabinsu bai taɓa buɗewa ba, ya dai ga an yi ragi ne ya kwasa, kamar mai sayen tumatir da yamma. Hanyar rabuwa da wasa uku ce. Ko ka sauke shi daga na'urar ya zauna a taska yana jiranka, ko ka ɓoye shi daga idonka, ko ka cire shi har abada, ya tafi da duk abin da ka taɓa yi a cikinsa. Misbahu ya zaɓi ta ukun. Ya gaji da ajiye abubuwa.

Na ƙwallo ya fara tafiya, sai na tseren mota, sai na yaƙi guda shida da ba ya ma iya bambance su. Danna, tabbatar, danna, tabbatar. Bai ji komai ba. Kafin rana ta faɗi ya share arba'in.

Saura ɗaya, kuma yana cikin waɗanda aka ɓoye. Shi ya ɓoye shi da hannunsa, kwana uku bayan jana'iza.

Wasan noma da gini ne. Khaulat, wadda ta shekara tana yi masa tsiya wai gardi da gemu yana wasan yara, ita ce ta ɗana sau ɗaya ta kasa saki. A ciki ta gina gida irin na iyayenta na Buji, da zaure da rumbu biyu da rijiya da garken kaji. A gefe ta yi wani ɗan ƙaramin ɗaki, ta shafa masa shuɗin fenti. Bai tambaye ta na waye ba, ita ma ba ta faɗa ba, dukansu sun san na ɗan da suke roƙon Allah ya ba su ne. Kayan ɗakinta na kamfani ne, suturarta ta tela ce. Gidan nan kaɗai ne abin da ya rage a duniya wanda ita ta tsara shi da kanta, daga tushe har rufi.

A ƙarƙashin hoton wasan akwai layin da ke nuna ranar da aka buɗe shi ta ƙarshe. Misbahu ya duba. An rubuta: yau.

Ya ce a ransa agogon na'urar ne ya rikice. Ya ce bari ya leƙa sau ɗaya, ya yi bankwana.

Ka'idar wasan ita ce, in ka bar gida kwana uku ciyawa ta cinye shi, kaji su watse. Ya shirya ganin kango. Sai ya ga tsakar gida a share tas, har da sawun tsintsiya. Ga shanya a kan igiya. Ga wuta a murhu, hayaƙi yana tashi a hankali.

Ya ji ƙamshin hayaƙin. Na kara ne, da daddawa a cikinsa.

Ya ɗaga kai ya shinshina. Babu maƙwabcin da girkinsa ke isowa nan.

Sai ya ji daka. Lugude ne, taɓarya biyu a turmi ɗaya, can ƙasa-ƙasa. Ya kai hannu zai rage sautin kwamfutar, ya tarar a kashe yake tun ɗazu.

A ƙofar shuɗin ɗakin an jere takalma. Manya da ƙanana, sun fi ƙafa goma. Khaulat ba ta taɓa ajiye takalmi a wurin ba. Yana kallo, ƙofar ɗakin ta ɗan buɗe, kamar wani ya leƙo daga ciki, sannan ta koma.

To, a nan ne Misbahu ya yi kuskuren da bai kamaci ɗan gidansu ba. Ko yaro a Taura ya san ba a zubar da ruwan zafi sai da bisimilla, ba a kuma rushe ɗakin da ya daɗe babu kowa sai an yi wa masu wurin sanarwa. Sau biyu ya ga mahaifinsa ya tsaya a ƙofar tsohon ɗaki, ya yi sallama, ya ce, "Bayin Allah, za a rushe nan da kwana uku, a nemi wani wuri," sannan a kira magina. Misbahu ya san wannan sarai. Amma wa zai tsaya yi wa abin cikin kwamfuta sallama? Tsoro ne ya kama shi, kuma mai tsoro sauri yake yi. Ladan ya ɗaga murya yana kiran magariba, shi kuwa ya rufe wasan, ya nemi wurin cirewa har abada. Na'urar ta tambaye shi ko ya tabbata. Ko bisimilla bai yi ba, ya danna.

Dakan ya tsaya cak.

Hoton ya ɓace daga taska. Fanka ta rage gudu, ta tsaya. An ɗauke wuta. Hasken allon kwamfutar kaɗai ya rage, shuɗi-shuɗi a jikin bango. Yayyafi ya fara sauka a kan kwano.

Ya ajiye numfashi. Ya miƙe zai yi alwala.

Dakan ya dawo. A tsakar gidansa.

Ya tsaya da buta a hannu, ƙafa ɗaya a gaba. Labule ne kawai tsakaninsa da tsakar gida, don ƙofar nan a buɗe take. Ya ji ana jan wani abu mai nauyi a kan siminti. Ya ji kwanuka suna karo a cikin buhu. Ya ji sawu, ƙanana da manya, suna shigowa ta inda babu ƙofa, ta ɓangaren dutse. Duk wanda ya taɓa ganin ƙaura ya san wannan motsin.

Wani yaro ya yi tari, aka ce masa shit.

Kwaɗon ɗakin Khaulat ya faɗi ƙasa. Makullinsa yana aljihun Misbahu.

Sannan sawu ɗaya ya rabu da sauran, ya tako a hankali, ya tsaya a bayan labule. Ƙamshin humrarta ya cika shagon.

"Salamu alaikum."

Muryarta ce. Har da 'yar dishewar da take yi in ta tashi daga barci. Butar ta suɓuce daga hannunsa, ruwa ya malale a kan tabarma. Idanunsa suka kawo hawaye tun kafin hankalinsa ya ce masa komai.

"Ka rushe mana wancan," in ji muryar, cikin raɗa. "Ba ka gaya mana ba. Da yara muke."

Muryar ta ci gaba.

"Mun duba, mun ga nan ma babu kowa."

"Ina nan," ya ce. Da ƙyar maganar ta fito. "Ni ina nan."



"Kai? Ai ba mu taɓa jin motsinka ba."

Yayyafin ya ƙara ƙarfi. Labulen ya ɗan turo ciki, daidai tsayin fuska, ya tsaya. Ba ta shigo ba. Ya gane ba za ta iya ba sai an amsa mata.

"Ka amsa mini mana. Zan hura wuta. Zan riƙa yi maka hira in ka dawo. Ba ka gaji ba?"

Ya gaji. Allah ya sani ya gaji da gurasa, ya gaji da jin numfashin kansa, ya gaji da juyawa zai faɗi wani abu ya tarar da bango. Ya san abin da aka rufe da ƙasa ba ya dawowa, shi ya sa ta a kabari da hannunsa. Duk da haka bakinsa ya buɗe.

"Wa alaikum..."

Sanyi ya kwararo ta ƙarƙashin labule, ya hau ƙafafunsa. Dakan ya tsaya. Duk gidan ya saurara.

"Ƙarasa mana, Misbahu."

Kamar an watsa masa ruwa. Shekara uku suna tare, Khaulat ba ta taɓa kama sunansa ba, ko da wasa, ko cikin fushi. Malam take ce masa. Ɗan maƙwabtansu mai irin sunan ma, mai sunan Malam take kiransa. Wannan kuwa ta faɗe shi tsaf, yadda yake a rubuce a saman taskar wasanni.

"A'uzu billahi," ya ce, ya ja da baya.

Humrar ta juye ta koma warin tsohuwar rijiya.

Ya faɗa kan ƙofar layi. A kulle. Ya lalubi aljihu, makullai suka zube. Ya durƙusa yana shafa ƙasa a cikin ruwan buta, bakinsa yana jan Ayatul Kursiyyu yana tuntuɓe a kanta.

"Ka fara," in ji muryar. Yanzu ba ɗaya ba ce, sun yi yawa, kuma ta Khaulat tana can ƙasa a cikinsu. "Ka ƙarasa."

Makulli ya shiga. Ya murɗa.

Wani abu ya riƙe bayan rigarsa. Ƙaramin hannu ne, mai ƙarfi.

Rigar ta yage. Ya faɗa cikin taɓon layi, ya tashi, bai waiwaya ba. Ba takalmi, ba hula, haka ya isa masallacin bakin titi ana raka'ar ƙarshe. Ya zube a bayan sahu, ya kasa ko ɗaga hannu ya yi kabbara.

A masallacin ya kwana. Da gari ya waye Modibbo, tsohon limamin unguwar, ya saurari labarin har ƙarshe bai katse shi ba, sannan ya kira mutum huɗu suka tafi gidan tare. Kwaɗo yana ƙasa a buɗe. Tsakar gidan da ta yi wata bakwai ba shara an share ta tas, an tuge ciyawar an tara a gefe. Akwai toka mai ɗumi a murhu.

Modibbo ya tsaya a zaure ya yi sallama, ya ba da haƙuri a madadin mai gida, ya ba da wa'adin kwana uku. Kullum da hantsi ana karanta Baƙara a tsakar gidan har wa'adin ya cika. A rana ta ukun ya dubi Misbahu ya ce, "Ɗana, sun yi maka ƙarya da muryarta. Amma da suka ce babu kowa a gidan nan, ba su yi ƙarya ba."

Aka buɗe ɗakin Khaulat, aka kai wa mahaifiyarta kayanta Buji. Mu'minatu ta fasa zama a ɗakin kwanan ɗalibai, ta tare a ɗakin, ta cika gidan da rediyo da ƙaurin girki, don har yau ba ta iya sanwa ba. Wasan ya tafi, da rijiyar da rumbunan da shuɗin ɗakin. Misbahu bai sake taɓa wani wasa ba. Kuma daga ranar ba ya amsa sallama sai ya ga fuskar mai yin ta, abin da ya sa wasu a ofis suke cewa ya fara girman kai.

Wata rana da yamma suna cin tuwo a tsakar gida, Mu'minatu ta ajiye cokalin miya ta dube shi.

"Yaya, amma ka san ba ita ba ce, ko? Tun kafin ta kira sunanka?"

"Na sani," ya ce. "Tun sallamar farko na sani."

"To me ya sa ka fara amsawa?"

Ya ture kwanon gefe.

"Wata bakwai, Mu'minatu. Babu wanda ya tsaya a ƙofar shagon nan ya tambaye ni ko na gaji."