Ranar da Fiachra Bai Mutu Ba

Ranar da Dervla ta fara ganin Fiachra, kibiya ce soke a ƙirjinsa, jinin ƙarya har gwiwa, ya zo neman shayi. Ita ke raba wa 'yan fim abinci a gaɓar teku a yankinmu na Mayo. Ta tambaye shi ko mamata ma suna shan sukari. Ya ce cokali biyu, don anjima zai sake mutuwa.

Sana'arsa ke nan. Ba wanda ya san sunan Fiachra Tolan, amma kowa ya taɓa ganin gawarsa a talabijin. Kullum wayarsa na hannu yana jiran kiran aiki, ko zance ya zo ƙafarsa ba ta daina karkaɗawa. Tun daga ranar ta laƙaba masa Gawata, shi kuma yana ce mata Cokali Biyu.

Da maganar aure ta taso, mahaifinta Malachy, mai kiwon tumaki, ya ce sam. Ga Cathal likitan dabbobi yana ta zarya, mutum mai gida da albashi, ina dalilin ɗan wasan da bai san inda zai kwana mako mai zuwa ba? Dervla ta kafe. Da uban ya gaji ya ce a sa rana, amma in yaron ya saɓa, kada ta ƙara ambatarsa a gidan.

Ana sa rana, sai ga rabon da Fiachra ya daɗe yana jira: zai fito a sojan da ke doguwar magana kafin ya mutu. Darakta ya ce ruwan sama na gaske yake so, ya ware Asabar ɗin bikin. In an yi ruwa a ɗauka, in rana ta fito a ɗage. Mu a Mayo kuwa, rana baƙuwa ce.

Barci ya ƙaurace wa Dervla. Ta tura masa: "Gawata, ka yi shiru. Ni ko ruwa?"

Sai Juma'a amsa ta zo: "Cokali Biyu, ko ruwa ko rana ina coci. In sun kira gobe zan ce a ba wani. Ba za su sake nemana ba, na sani."

Ta karanta wa mahaifinta tana kuka, don ta san abin da aikin yake a wajen Fiachra. 

A al'adarmu, jajibirin biki akan ajiye ɗan mutum-mutumin ibada da ake kira Jaririn Prague a gindin shinge don rana ta fito. Malachy ya hana a fito da nasu, wai camfi ne. Da safe Dervla ta leƙa taga, sama tangararan, ga mutum-mutumin a ƙarƙashin shinge, ga takalman babanta a bakin ƙofa caɓe da laka.

An ɗage ɗaukar zuwa Litinin. A ƙofar coci Fiachra ya zo zai yi godiya, tsohon ya murtuke fuska ya ce bai san zancen ba. Sai ya gyara masa wuyan riga.

"Allah ya yi muku albarka. Ran Litinin ka je ka mutu da kyau, ɗana. Amma ka dawo gida cin abinci, 'yata ba ta son jira."