Watan Elnathan

"Ina sunan Elnathan ya tafi?"

Selina ko sallama ba ta yi ba. Ta dangwarar da wayarta a kan teburin fenti, gaban Japheth. Yana tsugune a shagonsa na zanen allunan talla da ke bakin kasuwar Birnin Gwari, yana rubuta wa wani mai kemis suna.

"Zauna tukuna, masoyiyata..."

"Kada ka ce mini masoyiya. Tambayarka na yi."

Tun bara waccan suke gina wata duniya tare. Ita ke rubuta labarin tana tura wa masu karatu ta waya, shi yana zana hotunan. Duniyar sunanta Zarmu, rana biyu gare ta, ja da fara, mutanenta kuma suna yawo tsakanin taurari cikin jiragen ƙarfe. Abin da ya fi kama zuciyar masu karatu shi ne kalandar da Selina ta ƙirƙiro. A Zarmu ba a ƙirga shekara. Watanni tara ne ke zagayawa, na ƙarshe na fita na farko ya dawo, kuma kowane wata sunan wani mamaci yake ɗauke da shi. In watan mutum ya kama, sai danginsa su bar ƙofa a buɗe, su zuba masa abinci. Ba a sauya sunayen sai ranar da jar rana da fara suka haɗu a tsakiyar sama.

Sunayen nan tara ba ƙage ba ne. Mutanen unguwarsu ne a Dogon Dawa, waɗanda 'yan bindiga suka kashe a gona shekarar da iyalan suka gudo cikin gari. Wata na uku na yayanta ne, Elnathan.

Yanzu wani kamfani a Kaduna yana son mayar da labarin fim ɗin zane, har sun kira su biyun aiki. Da safen nan Selina ta ga abin da Japheth ya tura musu. Wata na uku ya koma Kurmi.

"Su suka ce sunan bai yi kama da na wata duniya ba," in ji shi, idonsa a kan buroshi.

"Sun bar Ladan, sun bar Comfort, sun bar Mailafiya. Sunan yayana ne kaɗai ya tsaya musu a wuya?"

Ya sake tsoma buroshi a fenti.

"Japheth, ɗago ka dube ni."

Ya miƙe yana goge hannu da tsumma. "To, ni na cire."

Kowa a garin ya san maganar da ake yi, cewa wan Japheth, Abednego, shi ya nuna wa 'yan bindiga gonar, kuma tun ranar ba a sake ganinsa ba. Saboda wannan magana mahaifinta, Wakili, ya ce muddin yana numfashi jininsa ba zai haɗu da na gidan su Japheth ba. Ita ce ta tsaya ta yi ta musu da shi, har suka yi wata guda ba ya amsa gaisuwarta.

"Ki fahimce ni, abar ƙaunata. In fim ɗin nan ya fita, duk garin nan za su kalla. Su ga sunan Elnathan, su ga nawa a ƙasa, su ce ƙanen infoma yana cin abinci da wanda suka sayar. Ko yanzu Mama ba ta iya zuwa coci saboda kallo."

"Tawa uwar fa? Ita tana zuwa, ta zauna inda ɗanta yake zama, ta yi kuka ta dawo."

"Suna ne kawai, Selina..."

"A wajenka."

"Mu tafi Kaduna. A can ba wanda ya san mu. Mu yi aure, mu fara daga farko."

"Mu fara babu Elnathan, kake nufi." Ta matso har tana jin warin fenti a rigarsa. "Abu ɗaya zan tambaye ka. Abednego ya yi ko bai yi ba?"

Ya daɗe yana kallon titi, inda wani ɗan acaba ke ɗaure buhun masara.

"Ban sani ba."

"Kullum ce mini kake yi ka tabbata ƙarya ce. A kan maganarka na ɗaga wa Baba murya."

"Da na ce ban sani ba, da kin tsaya?"

Hawaye suka zubo mata, ba ta share ba. "Da ni ce na zaɓa. Kai ka zaɓa mini."

Ya kai hannu zai riƙe ta, ta ja da baya.

"Zanenka naka ne, ka kai musu jiragenka. Watannina kuwa ko ɗaya ban ba ka ba. In na ji sunan mutum ɗaya na Dogon Dawa a fim ɗinku, har Kaduna zan bi ka."

"Shi ke nan tsakaninmu?"

Ta ɗauki wayarta ta fita.

Da ta isa gida, Baba yana zaune a inuwar zaure yana cin dafaffen rogo. Ya dubi kumburarrun idanunta. Ta tsaya tana jiran ya ce ai ya faɗa mata.

"Yaron nan ne?"

"Mun rabu, Baba."

Ya ci gaba da tauna. Can ya gusa ya bar mata gefen tabarma, ya raba rogon biyu ya miƙa mata babban.

Ta durƙusa ta kifa kanta a gwiwarsa, kukan da ta riƙe tun daga kasuwa ya ƙwace mata.

"Har yanzu ina son sa, Baba..."

"Na sani," in ji tsohon, hannunsa a kan ɗankwalinta. "Ci tukuna."