Gurasar da Aka Karya a Fim

Oydin na tsakar gida tana yanka karas na shinkafar rana, sai ga Doniyor, saurayinta, ya faɗo ko sallamar kirki babu. Ya ce kakarsa Hosiyat ta rantse ba za a kai gurasar baikonsu ba.

Wuƙar ta suɓuce mata. Laifin me ta yi?

Ashe jiya jikoki sun ja tsohuwar zuwa silimar unguwa, ta ga fim da harshenmu karon farko. Fim ɗin da Oydin ta fito a ciki ne, don ita 'yar wasa ce a gidan shirya fina-finai na nan Tashkent. A ciki an nuna dattawa sun zauna, an yi addu'a, an karya gurasar baikon Oydin da wani soja. To, a wurinmu in an karya gurasa magana ta ƙare, yarinya ta zama ta mutane.

Oydin ta yafa gyale ta ruga gidan tsohuwar. Ta durƙusa, ta yi bayani har muryarta ta dushe, cewa wasa ne, wanda ya fito a sojan ma yana da matarsa da 'ya'yansa uku.

"Gurasar ta katako ce?" in ji Kaka.

"A'a Kaka, ta gaske ce."

"Addu'ar fa? To ba a wasa da gurasa, 'yar nan. Jikana ba zai nemi aure cikin neman wani ba."

Haka aka shiga uku. Doniyor maraya ne, a hannun tsohuwar nan ya tashi. Ya ce shi dai su je ofishin ɗaurin aure su sa hannu, kowa ya yi ta kansa. Oydin tana kuka ta ƙi, ta ce ba za ta shiga gidan da aka sa tsohuwa hawaye saboda ita ba. Kaka ta fara duba masa 'yar maƙwabta. Oydin ta rame, abinci ba ya shiga. A wurin aiki kuwa duk wanda ta gaya wa sai ya kwashe da dariya, wallahi har da darakta, marar tausayi.

Ergash kaɗai bai yi dariya ba, tsohon da ya fito a matsayin uban sojan. Ya sa rigarsa ta zuwa biki ya je ya zauna gaban Kaka, ya amsa cewa da hannunsa ya karya gurasar. Sannan ya tambaye ta ko ta ga yadda ɗansa ya ƙare. Ta ce ina! Tana ganin abin kunyar nan ta ɗauki sandarta ta fito.

Da lallashi suka kai ta ɗakin gwajin fim, aka sa mata daga inda ta tsaya. Soja ya tafi yaƙi bai dawo ba. Oydin ta tsaya a tashar jirgin ƙasa tana duban kowane tarago har aka watse. Kaka ta yi kuka sosai, don ita ma tashar nan ta raka mijinta, bai dawo ba.

Da aka kunna fitila ta lalubo hannun Oydin ta riƙe gam.

"Allah ya ji ƙan yaron. Doniyor, kai wane irin mutum ne, ka bar yarinya cikin wannan hali? Gobe a kai gurasa."

Da Oydin ta bi zafin zuciyar saurayi, da ta sami miji ta rasa gida. Haƙuri da manya ya ba ta duka biyun.