Tsohuwar Bakin Rijiya

Ranar da na sabunta wasan noma na waya da na ƙirƙira, na goge tsohuwar bakin rijiya da ke cikin wasan, don masu bugawa sun ce ta cika surutu. Muryar marigayiya kakata na sa mata.

Da magariba na rufe ofis, sai ga wata tsohuwa tsaye a gindin bene, guganta na ɗiga. Wurin duk ƙamshin jiƙaƙƙiyar ƙasa.

"Sannu, Iya," na ce, ina neman ratsewa.

"Ɗan nan, ka ci abinci kuwa?"

Maganar da na goge ke nan. Kunya ta sunkuyar min da kai, sai na ga ƙafafunta ba su taɓa ƙasa ba, kuskuren da na shekara ina cewa zan gyara mata a wasan.